Daga tafin hannu zuwa cuku: tarihin kalmar « palmito » a ƙasar Kosta Rika

Gabatarwa

Abin da ya jawo wannan ƴar takarda gardama ce da ta tashi a ajin fassara. Mun ba ɗalibai wani guntun rubutu na Faransanci a kan abincin ƙasar Kosta Rika, inda aka ambaci wani cuku mai suna « queso palmito », marubucin kuma ya bayyana sunan da cewa « fromage cœur de palmier ». Wasu suka rubuta « cukun dabino », wasu « cukun muruci », ɗaya kuma ya kawo « cukun tafin hannu », don ya duba ƙamus ya ga « paume » da « palme » uwarsu ɗaya. Cukun nan ba dabino cikinsa, ba muruci, madarar saniya ce zalla da gishiri. Duk da haka kowane ɗalibi ya kama wani reshe na tarihin kalmar, shi ya sa muka ga ya dace mu bi ta tun daga saiwa.

Al'amarin ya wuce wasan aji. Tun da aka buɗe makarantar gwaji ta farko mai koyarwa da Hausa a Damagaram cikin 1973, masu rubuta littattafan makaranta suke fama da kalmomin Faransanci waɗanda ba su da takwara ɗaya tak a Hausa. A watan Maris na 2025 kuma dokar ƙasa ta mayar da Hausa harshen ƙasa, Faransanci ya koma harshen aiki. Ke nan takardun noma, na kwastan da na kimiyya da za a fassara sai ƙaruwa, kuma « palmier » da danginta suna cikinsu ko'ina.

1. Cukun da ƙasarsa

Kosta Rika ƙaramar ƙasa ce a Amurka ta Tsakiya, tsakanin Nikaragwa da Panama, faɗinta kimanin murabba'in kilomita 51.100, mutanenta sun ɗan haura miliyan 5. Cukun palmito na arewacin ƙasar ne, a lardin Alajuela, musamman gundumomin San Carlos da Zarcero. Matafiyin da ya bar San José, babban birni, ya bi ta Naranjo zuwa Ciudad Quesada, zai tarad da shi a rumfunan bakin hanya, an dunƙule shi kamar curin zare.

Ga yadda ake yin sa. A ɗuma madara, a zuba mata abin daskararwa, watau sinadarin nan da asalinsa daga tumbin ɗan maraƙi ake samun shi. In ta daskare a yayyanka ta, a tsiyaye ruwan, sa'an nan a bar gudajin su yi tsami na wani lokaci. Wannan tsamin shi ne gishirin aikin. Yayin da ƙwayoyin nono suke mayar da zaƙin madara tsami, wani kashi na sinadarin kalsiyum da ke ɗaure furotin ɗin madara yana saki, har ma'aunin tsami (pH) ya sauko wajen 5,2. A daidai nan, in an zuba wa gudajin ruwan zafi mai digiri 70 zuwa 80, sai su yi laushi su riƙa miƙewa kamar danƙo. Mai aikin ya ja, ya ninka, ya sake ja, har ya samu doguwar ɗamara mai faɗi. A sa mata gishiri, a naɗe ta bisa kanta falle kan falle. Kilo ɗaya yana cin madara kimanin lita 10. Mai ci ba ya bukatar wuƙa: warware shi yake yi da yatsu, yana saɓule silili bayan silili. Ɗanye ake cin sa, cikin ƴan kwanaki.

A nan mai karatu na Tawa ko Abalak zai tambaya me ya sa cukunmu ba ya miƙewa. Dalili shi ne ba a barin sa ya yi tsami: da madara ta daskare sai a shimfiɗa ta bisa asabari, a matse, a shanya, abin da ake nema shi ne fallen da zai bushe ya jure tafiya. Wagashi na Fulanin Benin kuma, wanda ake daskarar da shi da tumfafiya a bisa wuta, shi ma bai yi tsamin da zai sa ya ja zare ba, shi ya sa ake iya soya shi bai narke ba. Madara ɗaya ce, bambancin yana ga tsami da zafi.

Dabarar jan cuku cikin ruwan zafi ba ta Kosta Rika kaɗai ba ce. Italiyawa suna kiran ta « pasta filata », da ita suke yin mozzarella da caciocavallo. Akwai quesillo na Oaxaca a Meksiko, wanda shi ma curin zare ne, akwai quesillo na Nagarote da La Paz Centro a Nikaragwa, akwai queso de mano a Benezuwela. Italiyawa sun shigo Kosta Rika da yawa cikin 1887 da 1888 don aikin dogo, wasu kuma suka kafa garin San Vito a kudu cikin 1952, saboda haka akwai saurin a ce su suka kawo dabarar. A ganinmu kamannin aiki kaɗai ba ya zama shaidar aro, tun da maƙwabta masu jin Ispaniyanci suna da irinta. Sunan dai ba ya ba Italiya shaida ko kaɗan. Da Ispaniyanci aka raɗa shi, bisa wani abinci na dajin ƙasar.

Abin da tarihi ya tabbatar shi ne kafin zuwan Turawa babu saniya a nahiyar, balle cuku. Kolombus ya kai shanu tsibirin Hispaniola a tafiyarsa ta biyu cikin 1493, ya taɓa gaɓar Kosta Rika cikin 1502, amma sai da rundunar Juan de Cavallón ta shigo cikin 1561 dabbobin kiwo suka samu gindin zama. Zamanin mulkin Ispaniya kiwo ya fi ƙarfi a filayen zafi na yamma, wajen Guanacaste, kuma cukun da aka san yankin da shi, na Bagaces, busasshe ne mai gishiri da yawa. Wannan ba abin mamaki ba ne ga Bahaushe: inda rana take da zafi kuma kasuwa take da nisa, cuku sai busasshe. Ɗanyen cuku yana bukatar madara kullum, da sanyi, da hanya, da mai saye kusa. Waɗannan sharuɗɗan ba su haɗu a arewa ba sai da manoma daga kwarin tsakiyar ƙasar suka hau duwatsu suka sare daji a rabin ƙarshe na ƙarni na 19. An kafa gundumar San Carlos cikin 1911, ta Zarcero kuma cikin 1915, a lokacin da sunan Alfaro Ruiz. Garin Zarcero yana bisa tudu mai tsawon mita 1.700 da wani abu, inda shanun Turai masu yawan madara, irin Jersey da Holstein, suke jin daɗi. Ƙungiyar makiyaya ta Dos Pinos, wadda aka kafa cikin 1947, ta ƙara ɗaure cinikin madara. Ke nan cukun da ake kira na gargajiya ɗan wannan sabon kiwo ne. Sunansa kuwa ya girme shi nesa ba kusa ba.

2. Hannu ya zama ganye

A Latinanci ma'anar farko ta « palma » ita ce tafin hannu. Saiwar kalmar tana nufin abu shimfiɗaɗɗe, kuma ƴar'uwarta a Girkanci, « palamē », ita ma tafin hannu ce. Daga nan aka kai sunan ga ganye mai kama da hannu buɗaɗɗe, daga ganye zuwa itacen ɗungum. Matakai biyu ne daban. Na farko kamance ne (métaphore): wannan ya yi kama da wancan. Na biyu maƙwabtaka ce (métonymie): an kira abu duka da sunan sashensa.

Wane itace ne Rumawa suka gani? Ganyen dabino bai yi kama da hannu ba, gashin tsuntsu ya fi kama. Wanda ya yi kama da hannu shi ne na wani gajeren itace, Chamaerops humilis, da ke tsirowa da kansa a Sisiliya, kudancin Ispaniya da Magrib, ganyensa a baje kamar na kaba. Mun fi karkata ga cewa kamancen daga gare shi ya fara, dabino ya gaji sunan daga baya saboda darajarsa. Wannan ra'ayi ne, ba mu sa shi cikin abin da aka tabbatar ba. Za mu sake haɗuwa da gajeren itacen nan.

Da dabino ya karɓi sunan sai ya ƙara masa nauyi. Masanin tarihi Titus Livius ya rawaito cewa cikin 293 kafin Miladiyya aka fara ba waɗanda suka ci gasa a Rum reshen dabino, bisa al'adar Girkawa. Tun daga nan palma ta zama nasara. Wannan ma'ana ce ta haifi « palmarès », wadda duk wanda ya yi lakkwal ya sani, da « Palmes académiques » da Napoléon ya ƙago cikin 1808, da « Palme d'or » ta Cannes tun 1955. Faransanci ya raba gadon gida biyu: kalmar da ta bi bakin jama'a ta sauya ta zama « paume », ta tsaya ga hannu, ita ce cikin « jeu de paume » inda aka yi rantsuwar 20 ga Yuni 1789, wadda malamai suka riƙe kusa da Latinanci ta zama « palme », ta tsaya ga ganye da abin da ya yi kama da shi, har ƙafar agwagwa. Ispaniyanci bai raba ba. Har yau « palma » tafin hannu ce, ganye ce, itace ce, jam'inta « palmas » kuma tafi ne na masu kiɗan flamenco.

Wani abin sha'awa a gefe: « datte » ta Faransanci da « dátil » ta Ispaniyanci daga Girkanci « daktylos » suke, watau yatsa. Itacen hannu, ɗansa yatsa. Sai dai masana da dama suna ganin Girkawa sun ji wata kalma ce ta harsunan Semitik, ƴar'uwar « daqal » ta Larabci, suka lanƙwasa ta zuwa kalmar da suka sani. Gargaɗi ne ga mai neman tushen kalma: ba duk kamance mai daɗin ji ne asali ba.

3. Palmito guda biyu

Ɗafa-ƙeyar -ito a Ispaniyanci ta ƙanƙantarwa ce, aikin da « ɗan » da « ƴar » suke yi a Hausa. Mutanen Kosta Rika sun shahara da son ƙanƙantarwa, har ake yi musu laƙabi da « ticos » saboda siffar -ico da suke sawa bayan t, kamar « momentico ». Mai gaggawa zai ce to palmito ƙirarsu ce. Nahawu bai yarda ba. Palma tamata ce, in an ƙanƙanta ta bisa ƙa'ida « palmita » za a samu. Sauyin jinsi zuwa namiji yana nuna kalmar ta daɗe da ɓallewa daga uwarta ta zama suna mai zaman kansa. Haka kuwa abin yake: a Ispaniya palmito sunan gajeren itacen nan ne, Chamaerops humilis, wanda ake saƙa tabarmi, kwanduna da tsintsiya da ganyensa, ake kuma cin farin tohon da ke cikin gindinsa. Sunan itacen ya zama sunan tohon tun kafin kalmar ta ƙetare teku.

Akwai palmito ta biyu, wadda ba ta da alaƙa da itace. Latinanci yana da « palmus », ma'aunin tsawo da hannu, wanda ya ba Ispaniyanci « palmo », kimanin santimita 21, abin da Hausa take kira taƙi. Ƙanƙantarwarsa bisa ƙa'ida ita ce palmito, kuma a Ispaniya ana faɗin ta ga fuskar mace ko ƙirar jikinta. Kalmomi biyu ne masu lafazi ɗaya, kakarsu ɗaya, amma kowace da hanyar da ta biyo. Ɗalibinmu na « tafin hannu » ya gano kakar, ya ɓata hanyar. A ƙara da cewa « queso palmita » na jihar Zulia a Benezuwela wani farin cuku ne daban, kada a haɗa shi da namu don wasali ɗaya.

Da Ispaniyawa suka isa Amurka sai suka tarad da itatuwa barkatai na wannan dangi, wanda masana tsirrai suke ƙidaya masa iri kusan 2.600 a duniya. Kolombus kansa, da ya sauka Kuba ran 28 ga Oktoba 1492, ya lura cewa waɗanda ya gani sun bambanta da na Ispaniya da na gaɓar Gine. Duk da haka palma ya kira su. Mutanen ƙasa kuwa kowane iri da sunansa, kuma wasu sunayen sun tsira cikin Ispaniyancin yankin. « Coyol », wanda ake tatsar giyarsa a Guanacaste kamar yadda ake tatsar bammi, daga harshen Nahuatl take. Bactris gasipaes, wanda aka noma tun kafin Turawa saboda ƴaƴansa, « pejibaye » ne a Kosta Rika, « chontaduro » a Kolombiya, « pijuayo » a Peru, « pupunha » a Brezil. Kalmar baƙi ta zama rumfa bisa sunayen gida, ba ta shafe su duka ba.

Palmito kuma ta zama sunan farin tohon da ke cikin ƙoƙuwar kowane ɗayansu: ganyayen da ba su fito ba tukuna, a naɗe cikin juna, masu laushi. A Kosta Rika abincin makon Ista ne tun da daɗewa, lokacin da Katolika suke ƙaurace wa nama. Amma itace mai kara ɗaya ido ɗaya gare shi, in an cire tohon ya mutu. Haka aka yi wa juçara (Euterpe edulis) a dajin gaɓar Brezil har ya yi ƙaranci. Abin da ya kawo sauƙi shi ne pejibaye yana fitar da ƴaƴa a gindi kamar ayaba, a sare ɗaya wani ya taso. Daga shekarun 1970 Kosta Rika ta shiga noman sa don toho, tana cika gwangwanaye zuwa ƙetare, Faransa tana cikin manyan masu saye. Daga baya Ekwador ta sha gabanta a wannan ciniki.

Matakin ƙarshe a bayyane yake. Mutumin da ya saba ɓare palmito falle bayan falle ya ga farin cuku mai warwaruwa falle bayan falle, ya kira shi da sunan. Kamance ne kuma, irin na farko. Tafin hannu, ganye, itace, gajeren itace, toho, cuku: a kowane mataki mai magana abin da ke gabansa kawai ya duba, ba wanda ya waiwayi hannu. Sunan yana kuma gaya mana cewa masu raɗa shi sun san tohon kafin su san cukun, tun da baƙon abu ake kwatantawa da sananne.

4. Ina Hausa ta tsaya?

Hausa ba ta da kalma ɗaya da ta rufe wannan dangi, kuma ba mu ɗauki wannan a matsayin giɓi ba. Akwai giginya (Borassus aethiopum, « rônier »), goruba (Hyphaene thebaica), dabino, kajinjiri, kwakwa, tukurwa. Kowane kuma da zuriyar kalmominsa: azara daga giginya, kaba da ƙodago daga goruba, manja daga kwakwa. Inda Faransanci yake maimaita kalma ɗaya, « huile de palme », « vin de palme », Hausa ta ce manja, ta ce bammi. Tafin hannu kuwa bai taɓa shiga wannan fage ba. Danginsa su ne tafi da tafa. Manomin Mayahi ba ya ganin goruba da dabino abu ɗaya ne, don aikinsu gare shi ba ɗaya ba ne, kuma kwarin da yake zaune ciki, Gulbin Kaba, da ganyen aka sa masa suna, ba da itacen ba. Karin maganar nan ta inuwar giginya, na nesa ka sha, ba ta yiwuwa da goruba ko dabino, sai itace mai tsawon da zai jefa inuwarsa can nesa.

Kalmominmu ma da tarihinsu. Masu nazarin aro tsakanin Hausa da harsunan Berber, cikinsu har Maarten Kossmann a littafinsa na 2005, sun tattauna dabino da cuku duka biyu: ana danganta dabino da kalmar Berber ta ɗan itacen, wadda Barebari ma suke da makamanciyarta, cuku ko cukumara kuwa da kalmar Buzaye ta wannan abinci. Watau a wajenmu itacen da cukun ta hanyar ayari suka shigo harshe, a Kosta Rika kuwa ta jirgin ruwa.

Tarko biyu muke so masu fassara su kiyaye. Na farko « doum ». A Faransancin Sahel « palmier doum » goruba ce. Amma a Larabcin Maroko da Aljeriya « dum » sunan gajeren itacen nan ne, Chamaerops humilis, palmito na Ispaniya. Takardar da aka rubuta a Rabat tana zancen saƙar doum ba goruba take nufi ba, ko da yake aikin da ake yi da ganyen ya yi daidai da na kaba.

Na biyu muruci. Mun fahimci abin da ya ja ɗalibai gare shi: fari ne, ana ci, daga giginya yake. Amma muruci daga ƙasa ake tono shi, tsiron ƙwallon giginya ne da aka binne wasu watanni, yana da gari, dafa shi ake yi. Palmito daga sama ake ciro shi, ganye ne da bai buɗe ba. Bambancin ya wuce na ɗanɗano. Mai cin muruci iri ya cinye, shi ya sa masu kula da dajin giginya na Gaya da Dallol Mawri suke damuwa da yawan kwashe ƙwallo. Mai cin toho uwar ya kashe. Dokar gandun daji da ta haɗa su cikin kalma ɗaya za ta hana abin da ba ta nufa ba, ko ta halatta abin da take son hanawa.

Shawararmu ga kwamitocin kalmomi ita ce a riƙa tambayar wane itace ake nufi kafin a fassara « palmier », a sa sunansa na Hausa. Inda ake bukatar sunan dangin duka, kamar a darasin tsirrai, « dangin giginya » ya fi mana « dangin dabino », domin giginya ba ta jan hankalin yaro zuwa ga ɗan itacen buɗa-baki. Ga « cœur de palmier » muna ba da « tohon ƙoƙuwa », a biyo da sunan itacen. Shi kuwa cukun, a bar masa sunansa, cukun palmito, kamar yadda Faransanci ya karɓi « tchoukou » da « kilichi » bai fassara su ba. In mai karatu yana bukatar bayani, a ƙara masa « mai warwaruwa kamar zare ».